Wa Zai Riƙe Shi Bayanmu? Iyaye da Ɗa Mai Raunin Fahimta a Finafinan Marathi

Duk malamin da ya taɓa koyarwa a ƙauyukan Alakos, ko a sauran garuruwan gundumar Gure, ya san wani yaro wanda sunansa ba ya cikin rajista amma kullum yana makaranta. Shi ne mai biyo ƙannensa da safe, ya tsaya jikin zanar aji yana leƙe. In yara suka ɗauki waƙa ya ɗauka tare da su, in aka fito shan iska ya zama abin tsokana. Shekarunsa sun kai na ƴan ajin ƙarshe ko ma sun wuce, amma maganarsa ta ɗan shekara huɗu ce. Sunansa na yanka ya daɗe da ɓacewa, sai laƙabi: dolo, gaula, wawa, in kuwa ana son sakayawa a ce bawan Allah. Malami ya san shi, ya san gidansu, amma da wuya ya san yadda uwarsa take kwana.

Wannan batu na yadda uwa da uba suke kwana shi ya sa na ɗauko finafinai uku daga ƙasa mai nisa domin mu yi nazarinsu tare. Dukkansu an yi su ne da harshen Marathi na ƙasar Indiya: Chaukat Raja na 1991, da Yellow na 2014, da kuma Kaccha Limbu na 2017. Abin da nake son nunawa shi ne, ƙimar kowane ɗaya daga cikinsu tana ƙaruwa gwargwadon yadda ya daina neman yaron ya fanshi kansa da wata bajinta, ya koma duban aikin da iyaye ke yi dare da rana, da kuma fargabar da ke hana su barci, wato in sun mutu wa zai riƙe shi.

Wace Indiya ce wannan?

Bahaushe ba baƙon fim ɗin Indiya ba ne. Tun wajen shekarun 1950 ake nuna su a gidajen silima na Kano, daga baya kaset ya kai su har rumfunan kallo na ƙauye, yau kuma ga su cikin wayoyin samari, wasu ma an juya maganarsu zuwa Hausa. Sai dai kusan duk abin da muka sani na harshen Hindi ne, irin na manyan kamfanonin birnin Mumbai. Marathi harshe ne dabam, na mutanen jihar Maharashtra wadda Mumbai ɗin ce babban birninta, kuma ƙidayar 2011 ta nuna masu jin sa a matsayin harshen uwa sun haura miliyan 80. Dadasaheb Phalke, wanda ya yi Raja Harishchandra a 1913, fim ɗin da ake ƙirga tarihin silimar Indiya daga kansa, ɗan wannan al'umma ne.

Duk da wannan asali, finafinan Marathi sun yi shekaru suna zaune ƙarƙashin inuwar na Hindi, kamar dai yadda na Hausa suke a gefen na Legas. Jarinsu kaɗan ne, taurarinsu ba su kai waɗancan suna ba. Ƙarancin kuɗin ya tura su ga abin da suke da shi a yalwace, wato adabi da wasan kwaikwayo na dandamali. A 2004 fim ɗin Shwaas, labarin wani tsoho da jikansa mai ciwon daji a ido, ya ci kyautar fim mafi kyau ta ƙasar Indiya baki ɗaya, aka kuma tura shi gasar Oscar. Daga nan masu shirya fim da wannan harshe suka ƙara samun ƙarfin zuciyar taɓa ciwon cikin gida ba tare da sun lulluɓe shi da rawa da waƙa ba.

Domin mai karatu ya ga bambancin, ya tuna Koi Mil Gaya na 2003, wanda da yawa daga cikinmu sun kalla. Hrithik Roshan ya fito a matsayin Rohit, saurayi mai ƙwaƙwalwar yaro, Rekha kuma uwarsa. Yadda aka warware matsalar shi ne wata halitta ta sauko daga sararin samaniya ta ba shi kaifin basira da ƙarfin jiki, ya kunyata masu yi masa dariya. Fim ne mai daɗin kallo, amma uwar da ta kalle shi ta waiwayi nata ɗan, me za ta ɗauka? Babu halittar da za ta sauko mata. Saƙon da ya rage a ƙasan labarin shi ne, yaron ba ya samun mutunci sai ya daina zama yadda yake.

Chaukat Raja: tsohuwa da ɗanta

Chaukat Raja, wanda Sanjay Surkar ya ba da umarni, Smita Talwalkar kuma ta shirya ta kuma fito a ciki, labarin Nandu ne, mutumin da ya girma a jiki amma fahimtarsa ta tsaya a ƙuruciya sakamakon hatsarin da ya same shi yana yaro. Dilip Prabhavalkar ne ya hau wannan matsayi, kuma har yau ana ambaton wasan nasa cikin fitattun wasannin silimar Marathi. Nandu ya sake haɗuwa da Meenal, abokiyar wasansa ta ƙuruciya, yanzu matar aure mai ƴa. Shi a wurinsa ba abin da ya sauya, ita ce dai Meenal ɗin da suke wasa tare. Mijinta kuwa abin da yake gani ƙato ne yana shige wa matarsa.

A ganina ƙarfin fim ɗin yana wurin uwar Nandu, wadda Sulabha Deshpande ta fito a matsayinta. Tsohuwa ce da ƙarfinta ya fara ƙarewa, tana kula da mutum mai gemu kamar yadda ake kula da ɗan yaye, kuma ta san lissafin shekaru ba ya tare da ita. A al'ada ɗa ne ke tsayawa kan tsufan uwa. A nan abin ya juya, tsufan uwar ne ya zama barazana ga ɗan. Duk inda fim ɗin ya tsaya a kan fuskar wannan tsohuwa, gaskiya yake faɗa.

Inda ya yi rauni shi ne inda ya ba Nandu baiwar zane, ya mai da ita hanyar da jama'a za su karɓe shi. Ba laifi ba ne a nuna mai raunin fahimta yana da abin da ya iya, domin kuwa da yawa suna da shi. Amma idan marubuci ya sa karɓuwar ta rataya a kan baiwar, to ya bar mu da tambayar da bai amsa ba: wanda bai iya zane ba fa?

Yellow: lambar yabo da abin da take ɓoyewa

Yellow, wanda ma'anar sunansa ita ce launin rawaya, shi ne fim na farko da Mahesh Limaye ya ba da umarni, bayan ya yi suna wajen ɗaukar hoto a finafinan Hindi irin su Dabangg. Cikin waɗanda suka shirya shi har da Riteish Deshmukh, wanda masu kallon fim ɗin Indiya a ƙasar Hausa suka san fuskarsa. An gina labarin a kan rayuwar Gauri Gadgil, yarinya ƴar birnin Pune da aka haifa da larurar Down, wadda ta zama gwanar ninƙaya har ta ciyo lambobin yabo a gasar Special Olympics ta masu raunin fahimta.

Ya kamata a ɗan tsaya a bayyana wannan larura, tunda ita ce tushen labarin. Ƙwayar halittar ɗan Adam tana ɗauke da wasu ƙulle-ƙulle na gado guda 46, biyu-biyu har gida 23. Mai larurar Down yana da 47, domin gida na 21 ya zo masa da uku maimakon biyu. Likitan Ingila John Langdon Down ne ya siffanta ta a 1866, masana a Faransa kuma suka gano sanadinta a 1959. Majalisar Ɗinkin Duniya ta ƙiyasta ana samun ta a kusan haihuwa ɗaya cikin dubu, ta kuma ware ranar 21 ga Maris domin tunawa da masu ita. Tana faruwa ne tun lokacin shigar ciki, babu abin da uwa ta ci, ko ta taka, ko ta tsallaka da ya jawo ta.

A cikin fim ɗin uban ya kasa karɓar ƴarsa, yana jin kunyarta a gaban mutane, har zama ya gagara. Uwar, wadda Mrinal Kulkarni ta fito a matsayinta, ta ɗauki ƴarta ta koma wurin ɗan'uwanta. Wannan kawu shi ya zama uba na biyu. Daga baya aka kai yarinyar koyon ninƙaya domin gaɓoɓinta su yi ƙwari, ta faɗa hannun wani mai horarwa mai zafin rai, wanda Upendra Limaye ya fito a matsayinsa.

Abu biyu sun cancanci yabo. Na farko, Gauri Gadgil ita da kanta ta fito a matsayin kanta. Ba a ɗauko lafiyayyar tauraruwa aka ce ta karkace baki ta langaɓe wuya ba. Saboda haka mai kallo yana ganin abin da kwaikwayo ba ya iya kawowa: taurin kanta, da tsokanarta, da yadda take fushi ta kuma huce. Ta fito mutum mai hali nata na kanta. Alƙalan kyautar finafinai ta ƙasar Indiya karo na 61 sun yaba mata ita da Sanjana Rai, wadda ta fito a matsayinta tana ƙarama, fim ɗin kuma ya sami kyauta ta musamman. Na biyu, malamai za su ga darasi a yadda mai horarwar ya gane cewa tsawa ba ta kai shi ko'ina, sai da ya lura da abin da yarinyar ke so, wato launin rawaya, ya bi ta nan ya shiga. Haƙiƙa duk wanda ya taɓa koyar da yaro mai jinkirin fahimta ya san haka abin yake: a gutsura darasi ƙanana-ƙanana, a maimaita, a kama shi ta inda hankalinsa ya karkata.

To amma zubin fim ɗin zubin labarin gasa ne. Ana farawa da raini, a bi da horo, a ƙare da nasara da tafi. Wannan tsari yana sa mai kallo ya tashi zuciyarsa fari, ya kuma manta cewa cikin yara dubu masu irin wannan larura ƙalilan ne za su taɓa hawa dandamalin karɓar kyauta. Uwar da ke Garazu, wadda ɗanta babban ci gabansa a bana shi ne ya koyi ɗaura wandonsa da kansa, ina matsayinta a wannan labari? In ba a yi hankali ba sai fim ɗin ya ƙara mata nauyi, ta ga kamar gazawarta ce ta hana nata ɗan zama zakara.

Kaccha Limbu: gidan da ba a tafi

Wannan ya kawo mu ga na ukun, wanda a wurina ya fi sauran nauyi. Kaccha Limbu shi ne fim na farko da ɗan wasa Prasad Oak ya ba da umarni, an kuma ɗauko labarin daga littafin Runanubandh na marubuci Jaywant Dalvi. Ya ci kyautar fim ɗin Marathi mafi kyau a bikin kyautar finafinai ta ƙasar Indiya karo na 65. Sunan kansa darasi ne. Ma'anarsa ɗanyen lemun tsami, kuma haka yaran can suke kiran ƙaramin yaro ko mai rauni wanda ake bari ya shiga wasa amma ba a lissafa cinsa ko faɗuwarsa. Yana ciki, amma ba ya cikin ƙidaya. Yaron nan na jikin zanar aji ke nan.

Labarin yana faruwa a Mumbai ta shekarun 1980. Mohan Katdare, wanda Ravi Jadhav ya fito a matsayinsa, yana aikin dare a ofishin tangaraho. Matarsa Shaila, wato Sonali Kulkarni, tana aikin ofis da rana. Sun tsara haka ne domin kada a bar ɗansu Bachchu, mai shekara 15, shi kaɗai. Sakamakon haka miji da mata sun zama masu karɓa-karɓar gadi, wannan na shigowa wancan na fita. Ba su yi faɗa ba, ba su rabu ba, amma auren ya tsotse, ba abin da ya rage a cikinsa sai jadawali. Ɗan abin da suka samu kuma suna tara shi ne domin zubawa a wani asusu da iyayen irin waɗannan yara suka kafa, wanda zai ɗauki nauyin ƴaƴan bayan ransu.

An ɗauki kusan dukkan fim ɗin da baƙi da fari, launi ba ya leƙowa sai jefi-jefi. Wannan dabara ta Amalendu Chaudhary, mai ɗaukar hoton, ta dace da jigon, domin kuwa rayuwar da ake nunawa rayuwa ce da yau take kama da jiya. Ɗakin ƙarami ne, kyamara ba ta da wurin ja da baya, shi ma mai kallo ba shi da wurin kawar da kai.

Abin da ya raba wannan fim da sauran shi ne ya taɓo maganar balaga. Bahaushe ya ce ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Jikin Bachchu ya zama na namiji, buƙatar namiji ta taso masa, amma fahimtarsa ba ta kai ta bambance wadda ta halatta da wadda ta haramta ba, kuma macen da ya fi kusa da ita a duniya ita ce uwarsa. Shaila ta wayi gari tana tsoron zama ɗaki ɗaya da ɗan da ta haifa. A wurin aiki kuma ga maigidanta, wanda Sachin Khedekar ya fito a matsayinsa, yana nuna mata kulawar da ta daɗe ba ta samu ba, zuciyarta ta fara karkata. Fim ɗin bai mai da ita muguwa ba, bai kuma mai da mijin waliyyi ba. Ya nuna mutane biyu ne masu son ɗansu waɗanda gajiya ta kai su inda kowannensu yake tunanin abin da ba zai iya faɗa ba. Da aka zo ƙarshe Bachchu bai warke ba, bai ciyo kofi ba. Hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar, wannan ita ce kaɗai hujjar da ta riƙe gidan, kuma fim ɗin ya yarda ta isa.

Duk da haka akwai abin da zan tuhume shi a kai. Daga waje muke ganin Bachchu. Manmeet Pem, wanda ya fito a matsayinsa, ya yi ƙoƙari, amma kwaikwayo yake yi, kuma labarin bai cika ba mu damar sanin abin da ke faranta wa yaron rai ko abin da ke ba shi tsoro ba. Ya fi zama nauyi a kan iyaye fiye da mutum mai nasa labarin. A ƙasashe irin namu, inda har yanzu akan sa wa irin wannan saurayi mari a ƙafa in ya gagari gida, nuna shi a matsayin abin tsoro yana da haɗari. Ke nan abin da Yellow ya samu, Kaccha Limbu ya rasa, abin da wannan ya samu kuma wancan ya rasa. Fim ɗin da zai haɗa gaskiyar wahalar iyaye da cikakken mutuncin yaron shi ake jira.

Mu kuma me muka ɗauko?

Tun daga Turmin Danya na 1990, finafinan Hausa sun ari abubuwa da dama daga Indiya, musamman soyayyar mutum uku da rawa da waƙa, kamar yadda Farfesa Abdalla Uba Adamu da Brian Larkin suka yi nazari mai zurfi a kai. Amma wannan ɓangare na duban cikin gida da idon rahama ba mu cika aro shi ba. A mafi yawan lokaci mai raunin fahimta a fim ɗinmu kayan dariya ne. A finafinan camama akan sa masa yagaggiyar riga, ya riƙa dalalar da miyau, a mare shi a yi shewa. Ba a tambayar wa ya yi masa wanka da safe.

Kada a fahimce ni ba daidai ba. Wauta tana da gurbinta a adabinmu, tun daga wawan sarki har zuwa su Sahoro da Sahorama na cikin Magana Jari Ce. Marigayi Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014, ya gina sunansa a kan mutumin da ke fakewa da wauta yana faɗa wa manya gaskiya. Wannan wauta ce ta mai wayo, kuma da masu hankali take wasa. Matsalar tana farawa ne lokacin da aka ɗauki siffar yaro mai larura ta gaske, tafiyarsa da maganarsa, aka mai da su abin ban dariya. Yaran da suka kalli wannan da dare su ne za su maimaita shi a kan ɗan maƙwabta da safe.

Harshenmu ma yana da nasa kason. Kalmar mahaukaci mukan yafa ta a kan kowa: mai taɓin hankali, da mai farfaɗiya, da galahanga, da mai jinkirin fahimta. Alhali kuwa taɓin hankali ciwo ne da kan sami mutum ko da ya girma lafiya lau, kuma ana maganinsa. Raunin fahimta tun ƙuruciya yake farawa, yana tare da mutum har ƙarshen rayuwa, mai shi yana koyo amma a hankali. Sanadinsa kuma sananne ne a likitance. Ban da na gado irin larurar Down, akwai doguwar naƙuda da ke hana jariri numfashi, da zazzaɓin cizon sauro mai taɓa ƙwaƙwalwa, da tamowa, da rashin sinadarin aidin a abincin mai ciki, wanda shi ne kuma ke kawo maƙoƙo. Akwai sanƙarau, wanda ƙasarmu ta Nijar ta sha annobarsa a 1995 da 2015, kuma cikin yaran da suka tsira akwai waɗanda ya bari da kurumta ko raunin ƙwaƙwalwa. Amma a maimakon wannan bayani, abin da uwa takan ji shi ne ɗanta ɗan ruwa ne, aljanu suka musanya mata, ko kuwa ita ce ta fita da tsakar rana tana da ciki. Da haka laifi ya koma kanta.

Tambayar a ƙasar Alakos

Wani zai ce matsalar gidan Katdare matsalar birni ce, ta mata da miji da ba su da kowa. Mu a nan akwai kaka da goggo da inna, kuma ɗa na kowa ne. Akwai gaskiya a wannan magana, domin a ƙauye yaro mai raunin fahimta yakan sami abin yi, ya bi awaki kusa da gida, ya ɗebo ruwa, ya zauna a bakin masallaci kowa ya san shi. Wannan arziki ne da mutanen Mumbai za su yi sha'awa.

Amma mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Da an gama girbi maza sukan tafi cin rani, wasu Damagaram ko Kano, wasu Agadas har Libiya, a bar mata da tsofaffi. In aure ya mutu, uwa ta yi wani auren, sau da yawa sabon miji ba ya karɓar irin wannan agola, sai a bar shi wurin kaka ko a hannun kishiyar uwa. Saboda haka tambayar wa zai riƙe shi tana nan a wurinmu, sai dai takan zo ne ranar da kaka ta kwanta dama. In kuwa mace ce, balagarta ta fi ta Bachchu ban tsoro, domin ita ake cutarwa, kuma in abin ya faru ba a karɓar shaidarta. Likitan da zai duba irin wannan yaro ya yi wa iyaye bayani yana can nesa, tunda daga Gure kanta zuwa birnin Damagaram ya fi kilomita 150.

Sai kuma maganar gado. In uba ya rasu aka raba gona da bisashe, kason wannan yaro a hannun wa yake zama, kuma wa ke bin sawu? Addininmu bai bar wannan a buɗe ba. Aya ta 5 ta Suratun Nisa'i ta yi umarni da a riƙe wa marasa cikakken wayo dukiya, a ciyar da su a tufatar da su daga cikinta, a kuma yi musu magana mai daɗi, malaman fiƙihu kuma sun yi bayanin waliyyi da wasiyyi dalla-dalla. Indiya ta kafa doka a 1999 wadda ta tsara yadda za a naɗa wa irin waɗannan mutane mai kula da su bisa hukuma. Nijar tana da dokar kare naƙasassu tun 1993, ta amince da yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya kan haƙƙoƙinsu a 2008, ta kuma yi sabuwar doka a 2019. Rubutu dai akwai shi. Abin da ya yi ƙaranci shi ne labarin da zai sa baffan yaro ya ji kunya in ya sayar da akuyar maraya mai larura, kuma wannan aikin adabi ne.

Kammalawa

Ba sai mun jira Kano ta yi mana wannan fim ba. Damagaram tana da tsohon tarihin wasan kwaikwayo mai gyaran hali, wanda su Yazi Dogo suka ɗaukaka, har Janet Beik ta rubuta littafi a kan wasan kwaikwayon Hausa na Nijar a 1987. Aïcha Macky, ƴar Damagaram, ta nuna a fim ɗinta na 2016 kan rashin haihuwa, da kuma na 2021 kan matasan unguwar Kara-Kara, cewa ana iya kai kyamara wurin da jama'a ke kawar da kai, a fito da mutane da mutuncinsu. Ƙungiyar al'adu ta ƙauye ba ta buƙatar abin da ya wuce fili da tabarma.

Shawarata ga duk ƙungiyar da za ta ɗauki wannan jigo ita ce, ta fara zama da iyaye mata ta saurare su kafin ta rubuta ko da layi ɗaya. Ta ba yaron suna na yanka da hali nasa, abin da yake so da abin da yake ƙi. Kada ta warkar da shi a fitowa ta ƙarshe, ko ta hannun boka ko ta hannun likita, kada kuma ta ba shi kyautar da za ta wanke shi a idon gari. Ta bar uwar ta gaji, ta yi fushi, ta yi kuka, ba tare da an mai da ita azzaluma ba. In masu kallo za su yi dariya, to su yi ta tare da yaron, ko kuwa su yi wa masu raina shi.

Ga ƴan'uwana malamai kuwa, namu aikin ya fi wannan sauƙi, ya kuma fi shi gaggawa. Gobe da safe yaron nan zai zo ya tsaya jikin zana kamar kullum. A tambayi uwarsa sunansa na gaskiya, a kira shi da shi a gaban sauran yara, a ba shi wurin zama da allo. Mai yiwuwa shekara ta ƙare bai wuce rubuta harafi uku ba. A rubuta sunan nasa cikin rajista duk da haka, domin ya shiga ƙidaya. Allah ya ba mu ikon sauke nauyin da ke kanmu.